Goshi Ƙasa Sau Biyu

Ranar da mijinta Taegon ya cika shekara da rasuwa, Miran ta yi sammakon girki a ɗan ɗakinta na haya a Fukuoka, ƙasar Japan. Shinkafa, miyar nama, soyayyen kifi, duk ta jera a kan tebur gaban hotonsa. Ta soke cokali a tsakiyar shinkafar, ta bar ƙofa a ɗan buɗe don mamaci ya samu hanyar shigowa ya ci, yadda ake yi a gida Koriya.

Taegon ma'aikacin tashar jiragen ruwa ne a Busan, can Koriya. Ya ɗauki hotunan kayan da wasu 'yan fasa-ƙwauri suke saukewa, kwana uku bayan haka aka tsamo gawarsa a teku. Miran ta tsallako Japan da jaka ɗaya da katin wayar da hotunan suke ciki, ta cusa katin a bayan hoton mijinta. Tun daga nan, ko a kasuwa ta ji ana magana da harshen garinsu sai ta sauya hanya.

Shi ya sa ta saki jiki da Kuwata. Kullum yana cin taliya a shagon da take wanke-wanke, ɗan Japan ne da ya ce ko tekun bai taɓa ƙetarewa ba. Sunanta ma sai ya karya shi gida uku kafin ya faɗa. Ya gyara mata famfo, ya saya mata laima, ya iya yin shiru idan tana kuka. Ta so shi, ba ƙarya, har takan juya hoton ya kalli bango idan zai zo.

Da hantsi ya iso da lemo a leda.

"Kai, yau wace rana ce? Wata biyar ina bin ki, ko ƙwai ba ki taɓa soya min ba!"

"Ba naka ba ne, makwaɗaici. Na maigidana ne."

Dariyar ta bar fuskarsa. Ya ajiye ledar, ya tsaya yana kallon hoton, ya daɗe.

"Zan iya gaishe shi?"

"Gaishe shi mana."

Ta zaci zai haɗa tafin hannu ya sunkuyar da kai yadda mutanen nan suke yi wa matattunsu. Sai ta ga ya ɗaga hannuwa daidai goshi, ya durƙusa, ya kai goshinsa ƙasa. Ya miƙe, ya sake komawa. Sau biyu cif, ya rufe da ɗan rusunawa.

Jikin Miran ya yi sanyi. A Koriya sau ɗaya ake yi wa mai rai, sau biyu na mamaci ne. Ba ta taɓa gaya masa ba. Kuma wannan ba gaisuwar ɗan koyo ba ce, ta wanda aka riƙe wa ƙeya tun yana yaro aka koya masa ce.

Tsoro ya kama ta. Taku huɗu ne tsakaninta da ƙofa, hoton da katin yake bayansa kuwa yana gaban Kuwata. Ta zaɓi ƙofar, ta ji kamar ta sake binne Taegon.

"Na manta ruwan shan maigidana," ta ce da Japananci. "Bari in sauka shago in karɓo."

Bai juyo ba. Da ya buɗe baki, Koriyanci ne ya fito, irin na bakin tashar Busan, mai kauri kamar na mijinta.

"Matar yaya, ga ruwa nan a gefen ƙafarki."

Ta duba. Ga shi nan kuwa, ita ta ajiye shi da hannunta.

"Wata biyar ina tsare bakina," ya ce. "Gwiwoyina ne suka tona ni. Mijinki ne ya koya min aiki, kin sani? Shekara shida yana raba abincin ranarsa da ni."

"Kai ne ka kashe shi?"

Idanunsa sun yi ja, amma bai musa ba.

"Ban yi miki ƙarya a komai ba, sai suna da asali. 'Yan fasa-ƙwaurin suna jira a mota, sun ce yau ko da katin ko da ke. Don Allah ki ba ni katin."

"In na ba ka, za su bar ni?"

Ya wuce ta a hankali, kafaɗarsa ta gogi tata, ya tura ƙofar da ta buɗe wa Taegon, ya murza makulli daga ciki.