Layi Huɗu a Shafin Gaiwa

"Ina hannayenta?"

Abin da Malam ya fara tambayata ke nan, ko sannu da zuwa bai yi min ba. Ina tsaye a ƙofar ɗakinsa da tire a hannu, gumi na bin bayana. Teburina na kasuwa na bar wa maƙwabciya ta duba min, don kawai in kawo masa kifin da ya yi wata biyu yana damuna a kansa.

"Hannaye kuma, Malam? Kifi ne fa, ba jariri ba."

"Gaiwa tana da wasu zare-zare guda huɗu, biyu gaba, biyu baya. Ina suke?"

Na dubi tiren. Ga gaiwa nan kwance, doguwa, na wanke ta tas. Sai na tuna. Shekara goma sha tara ina sayar da kifi, kuma duk kifin da ya hau katakona wuƙa ce ke fara gaishe shi. Da safen nan an sauke min kwando, masu saye sun yi min caa, hannuna ya yi abin da ya saba ba tare da ya shawarce ni ba. Zare-zaren suna can cikin bokitin shara tare da hanji, in ma kuliyoyin kasuwa ba su riga sun gama da su ba.

"Na yanke," na ce.

Bai yi faɗa ba, kuma da ya yi da ya fi min sauƙi. Tabarau kawai ya cire ya shafa idonsa, ya ce, "Sabo turken wawa."

"Ni ce wawar?"

"Hannunki nake nufi. Ajiye ta nan kusa da taga, in zana abin da kika rage min."

Malam maƙwabcinmu ne, bango ɗaya ya raba ɗakinsa da namu, har tarinsa muna ji. Shekara talatin ya yi yana koyar da kimiyya a firamare. Da ya yi ritaya, matarsa kuma ta rasu, sai ya ɗora wa kansa rubuta littafin yara a kan yadda ake raba dabbobi gida-gida. Shafi arba'in ne, kowane shafi da zanen hannunsa da bayani layi uku ko huɗu. Rabin farko na masu shayarwa ne da tsuntsaye da masu jan ciki da kwaɗi. Rabin ƙarshe duk kifi ne, kuma a nan wahalata ta fara.

Sai ya zo teburina lokacin da ciniki ya fi zafi, ya ɗaga karfasa ya buɗe fiffikenta yana ƙirga ƙayoyin ɗaya bayan ɗaya, mai saye na tsaye tana hararata. Ya ɗauki tarwaɗa ya ƙirga gashin bakinta. Yaran layinmu har suna suka sa masa, Baba Ƙidaya. Ni kuwa na sha gaya masa kifi kashi uku ne a duniya: mai ƙaya da ke maƙale wa yaro a wuya, mai maiƙo, da mai saurin lalacewa wanda dole in sayar kafin rana ta take. Ya ce wannan rabon ciki ne, ba rabon ilimi ba. Na ce to ilimin ya zo ya ciyar da 'ya'yana.

Shafi talatin da tara sun kammala. Na arba'in na gaiwa ne, kuma da gangan ya bar ta ƙarshe. Ya ce ita ce kifin da ke da huhu, tana tasowa saman ruwa ta shaƙi iska kamar ni da shi, kuma idan ruwa ya ƙafe sai ta shige taɓo ta jira damina. Yana so yaro ya gama koyon gidajen dabbobi tsaf, sannan ya ci karo da wadda ta tsaya a bakin ƙofa.

Ranar nan ya zana jikinta daga kai har wutsiya. Ya bar gurbi huɗu fari fat.

"Malam, layi huɗu ne fa. Ka san su, ka ja su mana."

"Na san su a littafin wasu. Shekara talatin ina nuna wa yara kifin da ni ban taɓa gani ba, su ma ba za su taɓa gani ba. Wannan littafin, abin da idona bai gani ba hannuna ba zai zana ba. Gani ya kori ji."

Na kwashi tirena na fita ina ƙunƙuni. Maigidana ya ce in rabu da tsohon, rigimar tsufa ce. Na so in rabu da shi ɗin, amma duk lokacin da na ɗauki wuƙa sai gurbin nan huɗu su faɗo min a rai.

Mai kawo min kaya, Gobe-gobe muke ce masa, kuma ba a banza ya sami sunan ba. Na roƙe shi wata gaiwar, mai rai in da hali.

"Gobe, uwar ɗakina. Gobe da sassafe."

Goben ta yi kwana tara. A na goma ya zo yana washe baki, ya buɗe min takarda. Gaiwa ce ƙyafaffiya, ta naɗe ta yi baƙi ƙirin kamar tsohon takalmi.

"Wannan zan kai masa ya zana?"

"To ba gaiwa kika ce ba? Wa ke wahalar ɗauko ta da rai? Cizo gare ta fa."

Na ce ya ɗauke min ita daga gabana kafin in faɗi abin da zan yi da-na-sani.

A cikin kwanakin nan ne jikin Malam ya juya. Tarin da muke ji ta bango ya canza murya, ƙafafunsa suka kumbura, ya daina zuwa kasuwa. Abin mamaki, sai teburina ya yi min faɗi. 'Yarsa, wadda ke aikin nas a wani gari, ta ɗauki hutu ta zo. Mace ce mai kirki amma ba ta da lokacin wasa. Ta duba shi, ta duba magungunansa, ta ce ranar Asabar mota za ta zo ta tafi da shi wurinta.

Na shiga gaishe shi na tarar suna ja-in-ja. Ta miƙa masa wayarta.

"Baba, ga hoton kifin nan. Guda nawa kake so? Ga su nan birjik. Ka duba ka ja layinka mu kai wa mai ɗab'i."

"Wa ya ɗauki hoton?"

"Ina zan sani?"

"To ni ma ban sani ba. Wataƙila irin ta wata ƙasa ce."

Ta juyo gare ni, idonta ya ciko. "Anti, don Allah ki gaya masa. Hannunsa ko cokali ba ya riƙewa da kyau, yana jiran kifi."

Na dubi hannun. Yana kan bargo yana rawa shi kaɗai. Wata biyu da suka wuce hannun nan ya zana ƙayoyin karfasa ba tare da ya goge ko ɗaya ba. Da ban yanke zare-zaren nan ba, da tuni littafin yana wurin mai ɗab'i. Haushinsa nake ji, ina jin haushin Gobe-gobe, amma haushin kaina ya fi duka.

Ranar Alhamis ban buɗe tebur ba. Na ɗauki bokiti mai murfi na hau mota zuwa bakin ruwa inda masunta ke sauke kaya, tafiyar awa biyu. Suka yi ta min dariya. Mace ta baro kasuwa ta zo neman gaiwa guda ɗaya, kuma wai kada a taɓa mata ko gashi. Na bi kwale-kwale bakwai ina leƙawa. Wani tsoho mai gyaran raga ya ji tausayina, ya ce in zauna, ɗan'uwansa ya kafa tarko a fadama. Na zauna kan jarka har rana ta raba tsaka.

Da aka kawo ta, da kaina na juye ta cikin bokiti, sannan na mayar da hannuwana baya kamar mai tsoron kada su sake yi min ɓarna. A mota na rungume bokitin a cinya, ruwa na fantsalo min a zane, kwandasta na mitar ƙarni. Na ce masa shekara goma sha tara ina shan wannan ƙarnin ban mutu ba, shi ma awa biyu ba za ta kashe shi ba.

La'asar ta yi na isa. 'Yarsa tana waje tana wanke kwanuka, ta ce tun safe bai ci komai ba, amma sau uku yana tambayata. Na shiga na juye gaiwar cikin farin baho, na ja shi gaban gado inda hasken taga ke sauka.

"Ga ta nan, Malam. Da hannayenta da ƙafafunta. Ƙirga."

Na tallafo shi na sa masa filo biyu a baya, na saka masa tabarau. Ya daɗe yana kallo. Gaiwar ta kwanta a ƙasan baho, zare-zaren nan suna motsi a hankali, tana dafa ƙasa da su kamar mai lalube. Can ta taso, ta fito da baki saman ruwa, ta haɗiyi iska, ta koma.

"Kin gani?" ya ce, muryarsa can ƙasa. "Kin gani ko?"

"Na gani."

Na ɗauko allon da yake ɗora takarda, na shimfiɗa shafin, na sa masa fensir a hannu. Fensirin ya yi ta buga takardar yana barin ɗige-ɗige. Ya sake gwadawa, ya suɓuce ya faɗi ƙarƙashin gado. Na durƙusa na ɗauko.

"Riƙe," ya ce.

"Ni? Malam, rabona da fensir tun aji huɗu."

"Ke kika yanke, ke za ki mayar."

Har a wannan halin bai fasa ba. Na goge hannuna a zanen jikina, na zauna a bakin gado, na ɗora allon a cinya. Fensirin ya yi min ƙanƙanta, yatsuna sun saba da ƙotar wuƙa.

"Na gaba tukuna. Daga bayan kai yake fitowa. A'a, kin yi sama. Kifin za ki duba, ba takarda ba."

"In ban duba takarda ba ta yaya zan ga abin da nake yi?"

"Duba kifin."

Na ja layi. Ya fito a karkace.

"Ya yi gajere. Na gaba sun fi na baya tsawo, ba ki gani ba? Ƙara."

Na ƙara. Na ja na biyu, ya ce na danna fensir da yawa, ba yanka nake ba. Na ce in ya ga dama ya karɓa ya yi da kansa. Ya yi wani sauti da na ɗauka tari ne, ashe dariya ce.

Na uku ya fi ba ni wuya, don gaiwar ta juya ta ɓoye shi. Na jira ta gyara kwanciya, ina kallonta, ina riƙe da numfashina. Da ta miƙe na ja layin a hankali, ban dubi takarda ba sai da na kai ƙarshe. Wallahi ya fi sauran kyau.

"To, wannan fa? Sai ka nemo abin da za ka ce."

Na ɗago. Kansa ya ɗan karkata wajen bahon, tabarau ya zamo kan hancinsa, hannun nan da ya yi kwanaki yana rawa ya kwanta shiru a kan bargo.

Na kira 'yarsa. Abin da ya biyo baya kowa ya san shi: kuka, maƙwabta, takalma a ƙofa. Wani ya tura bahon lungu da ƙafa don a sami hanya, ni kuma na ɗora allon a kan kabad.

Ranar Asabar motar ta zo kamar yadda aka shirya, sai dai kaya kawai ta ɗauka. 'Yarsa ta tattara shafukan cikin jaka, ta tsaya a na ƙarshe.

"Anti, wannan saura ɗaya."

"Na sani. Ba ni minti biyar."

An riga an fitar da gado da kujera, don haka a ƙasa na zauna kusa da bahon. Kwana biyu ina canza mata ruwa, maigidana na tambaya yaushe za a dafa ta, ina ce masa ba ta dahuwa ba ce. Na ɗora allon a cinya. A gefen takardar akwai tabon babban yatsana na ranar nan, ya bushe ya yi rawaya. Direba ya danna hon a waje.

Ban dubi takarda ba. Na jira gaiwar ta miƙe ƙafarta ta baya, na ja layi na huɗu. Ɗakin shiru, babu mai cewa ya yi gajere. Ta taso a hankali, ta fito da baki saman ruwa, ta shaƙi iska, ta koma ƙasa.