Kiɗan da Ke Ratso Bango

Hansai ta riƙe kan Fiddausi da hannu biyu, ni kuma na tura filo tsakaninta da bango, amma yarinyar ta zille ta sake buga goshi.

"Baban Fiddausi, je ka roƙe shi," in ji Hansai.

"Mutumin da ke gargara zan ce ya tashi ya yi kiɗa?"

"To tsaya ka kalli 'yarka ta fasa kai."

'Yarmu ta isa shiga makaranta, amma ba ta taɓa cewa baba ba. Likita ya ba abin suna da Larabci, bai ba mu magani ba. Abu ɗaya ke kwantar da ita: kiɗan maƙwabcinmu Malam Issoufou, da ke ratso bango bayan la'asar. Mutumin Damagaram ne, tsohon mai busa a bandin soja, a nan ƙasar Larabawa kuwa dako yake yi a wani sito a unguwar Al-Sulay. Wata Baturiya da ya kwashe wa kaya lokacin da za ta bar ƙasar ta ba shi ƙaramin fiyano mai batir da kwalin littattafan Faransanci, tarihin masu tsara kiɗan Turai na wannan zamani. Daga ɗigo-ɗigon da ke ciki yake karanto kiɗan. Tun da ciwon hanta ya kwantar da shi bangon ya yi shiru, Fiddausi kuma ta daina cin abinci.

Na same shi a katifa, idanu sun yi ɗorawa. Saidou, ɗan garinsu, yana gefe yana karanta Yasin. Na durƙusa na faɗi abin da ya kawo ni, ban iya ɗaga kai ba.

"Haram alaika, Ghali," Saidou ya ce. "Mutum na bakin kabari, kai kiɗa ya dame ka?"

"Bar shi," in ji Malam Issoufou, murya kamar ta fito daga rijiya. "Kai ma tun ɗazu tsallake aya kake. Ghali, miƙo shuɗin littafin nan."

Ya sa na buɗe inda takardar ta yi laushi don yawan taɓawa. Hoton wani mai sanƙo ne da gemu.

"Wannan ya yi shekaru bai rubuta komai ba. Da ya dawo, da sauti kaɗan ya dawo. Ko direba irinka zai iya."

Na ɗora fiyanon a cinyata. Hannunsa ya kasa dannawa, sai ya kama yatsana yana kai shi kan fararen maɓallai, ɗaya bayan ɗaya, ya sauko, ya tsaya, ya koma.

"Kana sauri kamar kafil, ubangidanka, na kiran ka. Jira sautin ya mutu tukuna."

Muka maimaita har hannunsa ya saki nawa. Tsoro ya kama ni, kada ya zama kiɗa ne ƙarshen maganarsa, kuma ni na jawo. Na kai baki kunnensa ina ta kalmar shahada. Can leɓɓansa suka motsa, ya bi ni har ƙarshe. Saidou ya ji, ya gyaɗa kai, ya rufe masa ido.

Bayan azahar aka sallace shi, muka kai shi maƙabartar Al-Naseem. Saidou ya ce shara zai kai littattafan, na ce ya bar mini.

Da la'asar na zauna gaban Fiddausi na danna abin da na riƙe. Ta toshe kunnuwa ta ƙwalla ƙara, ta nufi bango. Na sake, ta ƙara. Goshinta ya fara jini.

"Ba daga nan ta saba jin sa ba," in ji Hansai.

Na ɗauki fiyanon na koma ɗakin mamacin. An naɗe katifar, takalmansa na bakin ƙofa. Na jingina da bangon, na buɗe shuɗin littafin a gabana ko da yake ba na gane ko ɗigo ɗaya. Na danna, na yi kuskure, na koma farko. Ta can ina jin bugun, dum, dum. Na danna, na jira sautin ya mutu, na danna na gaba.

Ban san lokacin da bugun ya tsaya ba. Na dai ci gaba. Can na ji cokali yana taɓa kwano.