Askin Ɓari Guda

Tun ranar da Gwani ya koma shagon askinsa bayan jinya, matajinsa ya koyi yawo. Zai ajiye shi a gaban madubi, ya ɗauko hoda, ya waiwayo, sai ya ga wayam. Almakashi ma haka, burushi ma haka.

"Auta! Wa ya ɗauke min mataji?"

"Ga shi nan gabanka, Yaya."

"Gaban wa? Makaho ka mai da ni?"

Auta ƙanensa ne, tare suke shagon. Furfura ta cinye masa gemu amma sunan ya ƙi sakinsa. Sai ya taso, ya sa yatsa ɗaya ya turo matajin zuwa dama, sai ga abu ya bayyana. Gwani ya harare shi. Shi dai a ransa ya gama yanke hukunci, a hannun riga yaron nan yake ɓoyewa don ya ga iyakarsa.

Abin da ya faru kuwa, hawan jini ne ya kayar da Gwani, ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. Allah ya taimaka hannu ya dawo, ƙafa ma ta dawo sai ɗan ja da take yi. Kafin a sallame shi, likita ta ba shi takarda ta ce ya zana agogo. Ya zana abinsa tsaf, ya miƙa. Matarsa ta leƙa, ta kama baki. Lambobin duka ya cunkushe su a ɓarin dama, hagu kuwa fili fetal.

"Baba, idanunka lafiyarsu ƙalau," in ji likitar. "Amma ido ɗan aike ne. Ƙwaƙwalwa ce take karɓar saƙo ta ce wannan yana nan, wancan yana can. Taka ta daina tambayar abin da ke hagu. Ba duhu za ka gani a wurin ba, ba rami ba. Ji za ka yi duniya ta cika, alhali rabi ce."

Gwani ya yi murmushin da ake yi wa yaro. Sa'ar 'yar cikinsa ce za ta gaya masa abin da yake gani? Ga gado, ga taga, ga likita, ga matarsa da ta zagayo tana share hawaye. Me ya ɓata? Mutum in ya rasa abu ai ya san ya rasa. Ya yi godiya, ya ɗauki hularsa, ya bugi ƙyauren ƙofa da kafaɗar hagu, ya ce masu ginin asibitin nan ba su san aikinsu ba.

Ba a banza ake ce masa Gwani ba. Yana da wata ɗabi'a ta aiki da yake tinƙaho da ita tun yana saurayi, ba ya juya kujera. A bayan mutum yake tsayawa, wuri ɗaya, ido a madubi, hannu na kai-komo, har a gama. Masu juya mutane a kujera kamar gare-gare, cewa yake 'yan koyo ne. "Ido ba mudu ba ne, amma ya san ƙima," haka yake faɗa. Yanzu da ƙafa take ja, tsayuwar wuri ɗayan ta ƙara yi masa daɗi, har yakan ɗan jingina cinyarsa da bayan kujerar.

Aiki ya ci gaba. Mutum zai zauna, Gwani ya yi masa saisaye, ya kaɗe masa wuya, ya ce sai wani. Mutumin ya tashi ya yi hagu ya ɓace. Abu ɗaya ne yake ci masa rai, babu mai yaba masa kamar dā. Dā mutum sai ya tsaya gaban madubi yana shafa kai yana cewa kai, Gwani, hannunka da albarka. Yanzu kowa sai ya sunkuyar da kai ya sulale. Ya ce mutanen zamani ne, ba godiyar Allah balle ta mai aski.

Asiri ya tonu ne wata ranar kasuwa da hantsi. Murfin kwalbar hoda ya suɓuce masa, ya gangara dama. Ya bi shi a sunkuye, murfi ya zagaya bayan kujera, shi ma ya zagaya. Da ya miƙe, bayansa ne yake kallon madubi, shagon duka ya juye masa. Kujerar Auta, wadda kullum take hagunsa, yau ga ta a damansa. A kanta kuwa ga malamin makarantar da ya sallama yanzun nan, da ƙyalle a wuya, Auta na bin kansa da inji, rediyo na ta ɓaɓatu yana rufe ƙarar.

"Me nake gani haka?"

Auta ya kashe inji. Malamin makaranta ya rasa inda zai sa idonsa.

"Aikina kake gyarawa? Ni? Ni da na koya maka riƙon almakashi kana zubar da majina?"

"Yaya, ba gyara nake ba. Ƙarasawa nake."

"Ƙarasa me?"

"Rabi kake yi, Yaya. Tun da ka dawo. Duk wanda ya tashi daga kujerarka nan yake zuwa. Su ma don girmanka suke shiru."

Maganar ta soki Gwani har ƙashi. Ba rabin ne ya fi ƙona masa rai ba, don wannan bai yarda da shi ba. Shirun ne. Wato unguwa guda ta haɗa baki, manya da yara, ana zama a kujerarsa don a faranta masa kamar ana lallashin jariri. Kunya da fushi suka taso masa lokaci guda.

"Ƙarya kake! Kujerar kake so, ka fito fili ka faɗa."

"In ina son kujera da na bar su sun fita titi da rabin kai." Auta ma ya fara hawa. "Na gaji, Yaya. Kai ɗaya, aski biyu, ga zagi a kan mataji safe da yamma. Ni da Yaya Babba mun yi magana, ta ce in ba za ka yarda a riƙa dubawa ba, gara ka zauna a gida ka huta."

Har da matarsa a ciki ke nan. To, madalla.

"Na ji," in ji Gwani. "Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. A kawo kai ɗaya. Ni kaɗai, ba mai sa min hannu, ba mai sa min baki. In na ce na gama aka sami saura ko sili ɗaya, na ajiye injin nan, ba ni ba aski har abada."

Ana cikin haka Mai Faci ya leƙo. Maƙwabcin shagonsu ne, abokin Gwani tun na ƙuruciya, hayaniya ce ta taso shi daga kan taya. Sumarsa ta yi buya-buya, don tun da Gwani ya kwanta ya ƙi bai wa kowa kansa, da ya dawo kuma ya ƙi zuwa, shi ya san dalili.

"Ga kai," ya ce, ya tuɓe hula. "Dama ba wani abin kirki a cikinsa, in ka lalata wajen ba a yi asara ba."

Ya zauna. Gwani ya ɗaura masa ƙyalle, ya tsaya a wurinsa na kullum, ya kunna inji. Bai taɓa yin aski da natsuwa irin ta ranar ba. Ya bi ƙeya, ya bi bayan kunne, ya daidaita gaban goshi, ya ja baya ya duba, ya sake bi. Ya dubi kan, ya dubi madubi. Kai ya fito sumul, ba tudu ba kwari, irin askin da dā ake tsallako titi a tambayi wa ya yi. Wani sanyi ya sauka a ƙirjinsa. Ya kashe inji.

"Na gama. Auta, zo ka nuna min ƙaryarka."

Malamin makaranta ya zuba wa takalminsa ido. Mai Faci ya daɗe yana kallon kansa a madubi, dariyar da ya shigo da ita ta gudu. Sai ya kafa ƙafarsa a ƙasa, ya tura kujerar a hankali, ta fara juyawa da shi.

"Kai, bar juya min kuje..."

Daga inda babu komai, gashi ya fara shigowa. Baƙi, cunkus, da furfura jefi-jefi, daga tsakiyar kai har kan kunne, ko inji bai shinshina shi ba. Da ba a gabansa aka juya ba, da Gwani ya rantse yanzu ya tsiro. Ya kai hannu ya taɓa. Gashi ne na gaske, har da ƙurar taya a ciki.

Innalillahi. To, ina wannan yake ɗazu? Ya duba fa. Ya duba da idonsa biyu, zuciyarsa ta ce masa an gama, irin faɗar da take yi masa shekara da shekaru ba ta taɓa yi masa ƙarya ba. Tsoro ya kama shi, tsoron da bai ji ba ko ranar da ya faɗi.

Ya kunna inji ya afka wa gashin. Ya share, ya duba, ya ji an gama. To amma ɗazu ma haka ya ji. Ya sa hannu da kansa ya juya kujerar, shi Gwani, sai ga wani layi ya fito ta ƙeya. Ya share shi. Yanzu wannan ɓarin ya fi wancan ƙasa. Ya sake juyawa, ya rage can. Ya sake juyawa.

"Gwani, jiri fa nake ji," in ji Mai Faci. "Saisaye na zo yi, ba hawan lilo ba."

Bai ji shi ba. Gumi ya jiƙa masa riga, yana juyi yana bi, yana juyi yana bi, har saisaye ya tashi daga saisaye ya koma ƙwal-kwabo. Da ya ga babu abin da ya rage na ragewa, ya kashe inji. Ya buɗe baki zai faɗi kalmar da ya saba, ta ƙi fita. Ya dubi kan nan mai sheƙi, bai ga komai ba, kuma yanzu ya san rashin ganin nasa ba shaida ba ne.

"Auta," ya ce, muryarsa ta yi ƙasa. "Kana ina?"

"Ga ni kusa da kai, Yaya."

Auta ya zagayo ta dama. Idanunsa sun yi ja.

"Na gama?"

Auta ya dubi kan, ya dubi yayansa. Da alama ya so ya ce e. Sai ya kama hannun Gwani, ya kai shi bayan kunnen Mai Faci na hagu, ya ɗora yatsunsa a kan wani ɗan tsiron gashi da bai fi faɗin ɗan yatsa ba.

Gwani ya shafa shi, ya sake shafawa. Sannan ya naɗe wayar injin a hankali kamar yadda yake yi in za a tashi, ya tuna ba a gama ba, ya warware ta, ya miƙa wa ƙanensa.

"Ƙarasa masa," ya ce. "Amma juyo da shi nan, ta inda zan gani."