Takwaran Malam Barau

A duk ƙasar Gwaram, daga Farin Dutse har Zandam, babu mutumin da sunansa ya taɓa shiga teku sai Malam Barau. Maganar ba ta bukatar shaida, domin shi da kansa ya faɗa. Ya faɗa a majalisar ƙofar gidansa, ya maimaita a tasha, sannan ya shiga mota takanas ya kai ta Birnin Kudu, don kada abokansa na can su ji a bakin wani a rage mata armashi.

Asalin abin, autarsa Dakta Nasiha ce karatu ya kai Senegal, inda take bin duwatsun gaɓar teku tana binciken dodon koɗi. Ba irin namu na fadama ba. Na teku ne, siffarsa kamar katantanwar da yara ke murzawa a ƙasa, faɗi a sama, tsini a ƙasa, ga zane kamar an yi masa lalle. Danginsu ɗaruruwa ne, kuma duk masu dafi. Ta gano wani da masana ba su san da shi ba, a ƙa'idar aikin kuwa wanda ya gano shi ke raɗa suna. Ta ɗauki sunan mahaifinta ta liƙa masa 'yar wutsiya irin ta Latin, magana ta ƙare.

Hajiya Batulu, matar Malam, ta fi kowa sanin yadda aka yi. Ita ce wadda Nasiha ta fara kira, ta ce mata sunanta take so ta sa. Batulu ta ce me za ta yi da suna a cikin ruwa, a sa na baban yarinyar, wanda tun da ya ajiye aikin malamin gona babu mai sallama da shi sai masu aron injin feshi. Ta yi wannan alheri da zuciya ɗaya, ba ta san wuƙa take wasa wa ragonta ba.

Ragon yana ɗaure a tsakar gida, fari, da baƙi a ido ɗaya. Tun yana tsotso ta raine shi da dusa da harawa. Ta haura sittin ba a taɓa yin layya da sunanta ba, kullum a cikin ta Malam ake haɗawa da ita. Bana ta ƙudura za a kwantar da dabba a ce ta Batulu ce, ga shi kuwa Babbar Sallah ta kusa.

A majalisa, Malam Barau ya zama masanin teku, duk da ruwan da ya fi girma a saninsa shi ne kogin Bunga idan damina ta yi albarka. Yana bayani cewa takwaransa harbi yake da ƙaya mai dafi, ya sumar da kifi ya haɗiye shi ɗungurungum, ya kashe ƙato idan ya yi gangancin ɗaukarsa, kuma daga dafin ne Turawa suke haɗa maganin ciwon da ya gagari allura. Nasiha ta gaya masa cewa wannan aikin wasu 'yan uwansa ne na wasu tekuna, nasa bai kai dabino ba, kuma tsutsa yake ci. Malam ya ɗauki wannan a matsayin ƙananan bayanai da ba su shafi jama'a ba.

Wanda ya jawo rigimar shi ne Alhaji Bappa, dillalin hatsi a Birnin Kudu, abokinsa tun firamare. Ya gama sauraro, ya gyara hula, ya ce, "To Malam, yanzu an yi suna ke nan babu rago? Ko a ruwa aka yanka?"

Aka yi dariya, Malam bai yi ba. Ya tafi wurin liman. Liman ya ce ragon suna na ɗan Adam ne, amma bai ga inda aka hana walimar godiya ba. Malam ya sa rana. Bappa kuwa, ganin idon jama'a a kansa, ya bugi ƙirji ya ce rago a wuyansa yake.

Duk da haka, da Malam ya shigo gida sai ya tsaya a gaban turke yana yaba ƙahon ragon, yabon da bai taɓa yi ba.

"Malam, wannan na Sallah ne," in ji Batulu, ba ta ko ɗago daga tsintar shinkafa ba.

Ya ce ai shi kallo kawai yake, kuma Bappa ya riga ya ɗauki nauyi.

Mata suka yi ta shigowa barka. Batulu ba ta taɓa kama sunan mijinta ba, ba kuwa za ta fara a kan dodon koɗi ba, don haka duk wadda ta tambayi sunan sai ta ce mai sunan Malam ne. Maƙwabciyarta Jummai ta tambaya yaushe za a kawo mata shi yaye, kuma a tulu za ta sa shi ko a randa. Batulu ta ce duk wadda 'yarta ta raɗa wa ko da sauro suna, ta zo su yi magana.

Ranar walima aka kafa rumfa, aka jera kujeru, aka ɗauko lasifika. Liman ya zo, tsofaffin abokan aiki suka zo, har da waɗanda rabon Malam da su tun ranar sallamarsa. Mahauci yana soro da wuƙaƙensa. Bappa ya iso da hantsi cikin babbar riga, da ƙullin goro da dogon jawabi. Rago, ya ce, yana hanya. Daga bayan katanga Batulu ta ji yadda ya faɗi kalmar, ta kuma san ragon da ke irin wannan hanya ba ya isowa.

Aka yi addu'a, aka ƙara addu'a. Tukwane suna kan wuta, ruwa yana tafasa a banza. Malam ya shigo, ya tsaya nesa da turke, ya dubi ragon, ya dubi matarsa. Bai roƙa ba. Ya ce a ba shi ruwa, ya sha, ya koma.

Don a ja lokaci ya kira Nasiha, ya kara wayar a bakin lasifika, ya ce ta yi wa dattawa bayanin dafin takwaransa. Ta gaishe su ɗaya bayan ɗaya, sannan ta ce dafin ba wani abin a zo a gani ba ne, ita sunan take so ta yi magana a kai.

"Baba, kai ka gaya mini Inna Tani ta binne 'ya'ya uku kafin ta haife ka, da ka zo ta ce wannan dai a bar mata, shi ne aka ce Barau. To shi ma haka. Gari ya cinye gaɓar da suke zaune, an zuba siminti. Na yi ta nema, ban same shi ko'ina ba sai a kan wani ɗan dutse guda. Shi aka bari. Ko da ba kai ka haife ni ba, sunan da ya dace da shi ke nan."

Malam ya cire tabarau yana gogewa da hannun riga, gogewar da ta wuce bukatar tabarau. An daɗe ba a ambaci mahaifiyarsa a gaban mutane ba. Batulu ta san yarinyar ta iya gyara zance, tunda ita Batulun ce ta ba da shawarar sunan, amma ta kuma san babu ƙarya a ciki. Ta zauna da Inna Tani, ta ga yadda tsohuwar take leƙa ɗakin Malam idan ya yi zazzaɓi, yana da furfurarsa.

Ta je ta kwance igiyar. Ta aika Jummai ta kira mata mahauci ta ƙofar baya, ta ce ya zagaya ta lungu ya ɓullo da ragon ta gaban rumfa.

"Hajiya, in an tambaye ni daga ina?"

"Babu mai tambayarka."

Babu kuwa wanda ya tambaya. Jama'a suka yi kabbara, suka ce Alhaji Bappa mutum ne mai cika alkawari. Bappa ya dubi ragon da bai taɓa gani ba, ya sunkuyar da kai cikin tawali'u, ya ce ai wannan ƙaramin abu ne tsakaninsa da Malam. Malam ya dubi baƙin idon nan, sannan ya kama hannun Bappa ya yi ta godiya.

An ci, an ƙoshi, an yi guzuri. Masu komawa Birnin Kudu suka tafi da labarin cewa a Gwaram akwai mutumin da takwaransa ke kashe kifi da kallo.

Bayan la'asar Malam ya shigo, ya zauna a kan turmi, ya ce ko ta san sunan nan ya shiga littattafan duniya ke nan, ba mai goge shi har tashin ƙiyama.

"Allah ya raya mai sunan Malam," in ji Batulu.

Ta naɗe igiyar ta rataye a ƙusa, ta juye wa kaji sauran dusar.