Allurar Zemie a Hayin Gada

Ni na fara gani, kuma duk wanda ya ce ya riga ni a garin nan ƙarya yake yi, ko da Fada ne na cocinmu. Na shiga babban kantin da ke hayin gada sayen ƙanƙara da wuyan kaji na tarkon ƙaguwa, na ratsa ta wajen masu sayar da magani, sai na hango fararen takalman roba a ƙarƙashin wani labule. A duk kogin nan mutum ɗaya ne ke ɗaure tsagar takalminsa da wayar lantarki: Clovis Cheramie, wanda muke gasar kamun jatan lande tun gashin bakinmu bai fito ba. Na ɗaga labulen. Ga shi zaune, hannun riga a naɗe, ya rintse ido kamar ragon da ya ga wuƙa, Linh mai ba da magani tana soka masa allura.

"Sauke labulen nan, Alcide. Ba majigi ake nunawa ba," in ji shi.

"Allurar me ce? In ta hankali ce an makara."

Linh ta yi dariya. Jirgin ruwan babanta kusa da nawa yake kwana, a idona ta koyi tafiya. Ta ce, "Rigakafin ɗamarar wuta ce, Baba Alcide."

Clovis ya sauke hannun riga ya kama hanya, bai taɓa aljihu ba. Na ce da ita ɓarawo zai gudu. Ta ce ba abin da zai biya, inshorar da ke saya masa ƙwayoyinsa na wata-wata ita ta ɗauka.

Wanda bai san ɗamarar wuta ba, ya tambaye ni. Ƙarambau ɗin da ka yi kana yaro ne yake ɓuya a jijiya, ya jira ka tsufa, sannan ya fito maka da ƙuraje a gefe guda na jiki. Ni guguwa ta sha kwashe min rufin gida. Wani kada ya taɓa cinye min rabin ɗan yatsa. Na taɓa wuni a teku rungume da murfin akwatin ƙanƙara bayan jirgina ya kife. Duk ban zubar da hawaye ba. Amma da abin nan ya kama ni a haƙarƙari, ko iskar fanka ta taɓa ni sai in ji kamar ana goga min garwashi. Tsofaffinmu na cewa in bakinsa biyu suka zagayo suka haɗu, a tona kabari. Nawa bai isa ya zagaye ni ba. Ƙirjina ya yi masa faɗi.

Likita ya ba ni ƙwayoyi, matata Zemie kuma ta yi min addu'a. Zemie mai addu'ar ciwo ce, ta gada wajen kawunta, ita ce ta ƙarshe a bakin koginmu. Aikin yana da dokoki. Ba ta tallata kanta, sai an zo an cire hula an roƙa, in an roƙa kuma ba ta da ikon ƙi. Ba a biyanta, ba a yi mata godiya. Addu'arta ba ta tsallake ruwa mai gudu. Kuma ba ta yi wa kanta.

Wannan ta ƙarshen ce ta tsaya min a rai ina tuƙa mota zuwa gida. In wutar nan ta kama Zemie, wa zai tsaya a kanta?

Na same ta tana yanka kuɓewa. Na ce gobe ta shirya, za a yi mata allura.

"Ai na riga ka, tsoho," ta ce, ba ta ko ɗago ba. "'Yarka ta ishe ni da waya, na je wajen likita, na miƙa katin inshorar gwamnati. Yarinyar da ke tebur ta ce wannan katin ba ya biyan wannan allurar a wajensu. To abin da gwamnati ba ta ga dalilinsa ba, ni zan gani?"

"Ƙofa kika ɓata. Ba katin asibiti ke biyanta ba, katin magani ne. A kanti ake yi."

"A kanti. In tuɓe hannu tsakanin burodi da abincin kare, matan coci na tura keken sayayya suna kallo."

Duk tsofaffin nan haka suke: allura ta likita ce, kanti na ƙwaya ne. Sai su je su sha amsa ɗaya, su dawo su zauna. Ni da ban gama aji uku ba, idona ya gane min hanya.

Na yi makonni ina fama. Na yi faɗa. Na nuna mata tabon haƙarƙarina da safe, na nuna mata da yamma, har ta ce in rufe tana cin abinci. Na ce ni ne maigida. Ta ce e, shi ya sa shara ke jirana. Mace ce da ta taɓa korar jami'in kwashe mutane da ludayi ana gobe guguwa, ba a tura ta.

To amma mutumin da ya san inda jatan lande ke kwana ba ya rasa dabara. Linh ta gaya min ko wanda ya taɓa yin ciwon ana yi masa allurar, don yana iya dawowa. Ranar wata Juma'a na sa rigar zuwa coci, na fita, na zagayo ta ƙofar gaba, na ƙwanƙwasa gidana kamar baƙo. Ta buɗe. Na cire hula.

"Uwargida Ozémie Pitre, yau za a soka min allura. Ina roƙon ki yi wa hannuna addu'a a lokacin da ake yi."

Ta dube ni sama da ƙasa. "Je ka. Zan yi maka daga nan."

"Kantin yana hayin gada."

Ta dubi kogin ta taga, yana gudu abinsa. Ta kwance gyalen girki, ta ɗauki jaka da carbinta, ta ce, "Allah ya ga abin da ka yi, tsohon kada."

A kantin muka tarar da Clovis ya zo karɓar maganin hawan jini. Yana ganinmu ya nemi kujera ya gyara zama.

"Ka kawo mai riƙe maka hannu, jarumin teku?"

"Ni ido buɗe zan sha tawa. Ba kamar wani ba."

Kuma ido buɗe na sha. Zemie ta ɗora yatsa a kafaɗata, ta zana gicciye, leɓenta na motsi ba sauti. Linh ta jira sai da ta gama, sannan ta soka. Cizon sauro ya fi shi.

Linh ta danna na'urarta ta ce, "Inna Zemie, ke ma inshorar maganinki tana nan wajena, da ita kike karɓar ƙwayoyin suga. Ta ɗauki wannan allurar gaba ɗaya. Hannu kawai za ki kawo."

"Na zo aiki ne, 'yar nan, na kuma gama."

Na ce, "Zemie, ki zauna a yi miki."

"Ka ji shi ko?" ta ce da Linh. "Ki zauna. Ki shirya. 'Yarsa ta ce dole. Likita ya ce ya kamata. Ni duk rayuwata ban taɓa ɗora wa mutum hannu ba sai ya nema da bakinsa. Su kuwa kowa umarni."

Wani mijin da sai ya tsaya musu. Ni nan take na ga inda ragar ta yage. Na sake cire hular. Na ga bai isa ba, na dafa kantar na sauke gwiwa ɗaya ƙasa, ta yi ƙara kamar tsohon katako.

"Ranar da wuta ta kama ni, ina da ke. In ta kama ki, ni kike da shi, kuma kalmomin da na iya na injin da ya ƙi tashi ne, ba a faɗarsu kusa da mara lafiya. Ina roƙo, Zemie. Ki yi min wannan."

Masu sayayya sun tsaya. Wata mata ta rungume kankana tana kallo.

Zemie ta dube ni. Sannan ta miƙa wa Clovis jakarta ta ce, "Riƙe, tunda zaman banza kake." Ta zauna a kujerar, ta naɗe hannun riga. Linh za ta ja labule, ta ce, "Bar shi a buɗe. In za su ba da labari, su ba da daidai."

Ko ƙifta ido ba ta yi ba. Matata ce.

Tashi daga ƙasan ne ya ɗan ba ni aiki. Clovis ya kama ni ta hammata yana cewa ya taɓa ɗaga injin jirgi da ya fi ni sauƙi. Na bar shi ya taimaka don ya samu abin faɗa a gida.

Washegari duk mu biyu muka tashi da zazzaɓi da hannu mai nauyi, kamar yadda Linh ta ce zai iya faruwa. Muna kwance muna gardamar wanda zai tashi dafa kofi. Ta ce ni na jawo, ni zan dafa. Na ce nawa hannun ya fi kumbura, don ya fi nata nama. Muka yi ta dariya har gadon na girgiza, kowa na riƙe da kafaɗa. A ƙarshe ni na dafa, kuma ba a taɓa shan irinsa a gidan ba.

Allura biyu ake yi. Da lokacin ta biyun ya zo bayan 'yan watanni, ita ta tashe ni, ta riga ni shiga mota. A kujerar baya kuwa ga matan coci a cushe da jakunkunansu, kowace na lalube ko ta zo da katin da ya dace. Yanzu in an zo mata da hula a hannu tana yin addu'arta yadda ta saba, in ta gama sai ta tambayi mutum ko ya je hayin gada.

Clovis na yawo yana cewa shi ya buɗe hanya tunda shi aka fara yi wa. An yi masa dai, ido a rufe. Gani ni na yi.

Wanda ke ganin na ƙara gishiri, ya zo gidan rawa ranar Asabar da rana, lokacin da masu goge suka ɗau zafi. Ya nemi Zemie, tsohuwar da ke sanye da jan takalmi, ya ce Alcide ne ya ba shi aronta su taka rawa. In ya iya binta har a sauke kiɗa bai nemi kujera ba, ya zo bakin kogi ya kwance jirgina ya tafi da shi.