Tumatirin Bayan Tasha

Maigadin tashar mota bai taɓa shuka tumatir ba. Tumatirin ne ya shuka kansa, shi dai ya ci suna.

A can ƙarshen tashar, bayan ban ɗakin fasinjoji, akwai wani bututu da ya tsage tun zamanin tsohon manaja, ba wanda ya damu ya gyara. Ƙasar wurin kullum a jiƙe take. Wata safiya Maigadi ya zagaya korar kare, sai ya tarar da tsirrai sun yi kore shar a jikin bango. Bai tsaya tambayar daga ina suka zo ba, ya sani sarai. Ƙwayar tumatir ba ta narkewa a cikin mutum, yadda ta shiga haka take fita. Fasinjoji kuwa daga ko'ina suke zuwa, kowa da abin da ya ci a garinsu. Ya kafa wa tsirran sanduna, ya ɗaure su da tsohuwar robar taya, ya ja bakinsa ya yi shiru.

Da suka nuna, abin ya ba shi tsoro. Wani dogo, wani mai tsaga-tsaga kamar kabewa, wasu ƙanana jajaye jir, ga zaƙi. Ya wanke su sau da yawa a famfo, ya kai gida. Matarsa ta juya ɗaya a hannu ta ce ba ta taɓa ganin irinsa a kasuwa ba, ina ya samo? Nan bakinsa ya riga hankalinsa. Ya ce iri ne na ƙetaren teku, Kuku ne ya ba shi.

Kuku tsoho ne mai sayar da shayi a bakin tashar. Ya yi shekaru yana dafa wa ma'aikatan jirgin ruwa abinci, kuma ba ya gajiya da faɗa wa direbobi cewa rabin abin da suke ci baƙo ne. A cewarsa masara, rogo, barkono, gyaɗa da tumatir duk jirgi ne ya tsallako da su daga wancan gefen teku, ayaba da rake kuma daga gabas suka taho. Saboda haka ƙaryar ta zauna daram.

Matsalar ita ce matar Maigadi tana da yaya. Yayar nan tana da lambu a bayan gidanta, tana da baki, kuma tun ranar aure ba ta daina mamakin yadda ƙanwarta ta ƙare da mai tsaron ƙofa ba. To yanzu ƙanwa ta samu abin nunawa. Ta dinga aika mata da tumatir kwano-kwano, tana cewa na mijinta ne, irin ƙetare. Maigadi bai taɓa ganin matarsa tana tafiya da kai a sama haka ba, kuma ya san ranar da ta ga bangon nan a gaban Yaya, ranar zai gane kurensa.

Ranar ta zo. Ana karyawa matar ta ce Yaya za ta biyo da rana, su je tare su ga lambun, tana son iri.

Ya isa tasha da gudu-gudu. Ya ari bokitai daga masu wankin mota, ya tone tumatirin da 'ya'yansu da komai, ya jera su a gaban ɗakin gadi, ya yayyafa ruwa. Sannan ya je ya roƙi Kuku ya rufa masa asiri. Kuku ya ci gaba da juya shayi, ya ce shi a rayuwarsa bai taɓa yi wa shuka ƙarya ba, amma zai duba.

Wanda bai taɓa shuka ba bai san cewa ba a tone babban tumatir cikin zafin rana ba. Kafin matan su iso, ganye ya yi laushi, kawuna sun sunkuya kamar ɗaliban da aka kama da satar amsa.

Yaya ta tsaya a kansu, ta tura yatsa cikin bokiti, ta shinshina.

"Ƙanina, yaushe ka dasa waɗannan?"

"An ɗan jima, Yaya."

"An ɗan jima kamar bayan karin safe?"

Maigadi ya waiga neman ceto. Kuku ya matso da kofinsa, ya gaishe su, ya fara bayani da natsuwa. Ya ce shuka ba ta da ƙafa amma ta fi direba yawo. Wata a aljihun matafiyi, wata a buhun ɗan kasuwa, wata a gashin tunkiya, wata a cikin tsuntsu. Ya kurɓi shayi ya ƙara da cewa ba tsuntsu kaɗai ke da ciki ba.

Yaya ba ta ma saurari ƙarshen ba. Idonta na kan baƙar ƙasar da ta zuba daga bokitai, ta yi layi tiryan-tiryan ta ratsa tsakanin motoci. Ta bi layin, ƙanwarta na biye, Maigadi a baya yana cewa wajen can ba kyau, akwai kare. Suka sha kwana. Ga bango, ga ramuka sababbi, ga bututu yana ɗiga. A daidai lokacin wani fasinja ya ja ruwa daga cikin ban ɗakin, bututun ya amsa.

Yaya ta buɗe baki za ta yi dariyar da ta daɗe tana tanadi, sai dariyar ta maƙale. Ta riƙe bango, ta sake shi da sauri, ta goge hannu a zani.

"Wa ya sani bayan mu?" in ji Yaya.

"Kuku kawai," in ji Maigadi.

Ashe Yaya ta kai wa surukarta tumatirin nan, ta ce daga lambunta ne, tsohuwar kuma ta ci shi ɗanye da gishiri a gaban baƙi tana sa mata albarka.

Matar Maigadi ta gyara mayafi. Ta ce ai Kuku ya faɗi gaskiya, asalin tumatir daga ƙetaren teku yake, sauran bayani ba wanda ya tambaye su. Ta dubi yayarta ido cikin ido ta tambaye ta ko har yanzu tana son irin. Yaya ta ce a ba ta na mai tsaga-tsagar, za ta shuka a ƙasa mai tsabta. Ta tafi ba ta ce komai game da masu tsaron ƙofa ba.

Maigadi ya sauke ajiyar zuciya, ya soma murmushi.

"Baban yara," in ji matarsa, "mayar wa mutane bokitansu. Za mu yi magana a gida."

Ba su yi maganar ba. Da ya dawo aka ajiye masa abinci fari fat, ba ɗigon miya. Ya duba kwanon yara, haka. Ya tambaya a hankali ko miyar ta ƙare ne. Ta ce akwai ta cike da tukunya, ta tumatirin ƙetare, tasa ce shi kaɗai, yana iya ɗiba har ta ƙare.

Ya dubi tukunyar, ya dubi matarsa. Ya ci abincinsa gaya.