Ranar da Aka Kira Manaja

Shekara biyu ke nan da babbar kotun Jos ta umarci kamfanin haƙar kuza ya biya Malam Haladu kuɗin sallamarsa, bayan ya tsufa a bakin aiki. Kamfanin bai biya ba. Lauyan Malam Haladu, Onyekwere, ya sake shigar da ƙara a kan raina kotu, ya ce masa wannan karon manaja da kansa zai gurfana.

Malam Haladu ya sa farar rigarsa, ya taso daga unguwar Rikkos zuwa kotu yana tsammanin ganin Baturen da ya sallame shi. Da magatakarda ya kira manaja, sai ga Chuwang ya miƙe.

Tsohon ya ƙura masa ido. Chuwang ɗan amininsa Dalyop ne, wanda suka yi wankin kuza tare tun suna samari. Shi da kansa ya kai yaron ofishin kamfanin aka ɗauke shi akawu. Ashe da gwamnati ta matsa a ba 'yan ƙasa shugabanci, Turawan sun ɗora shi a kujera, suka riƙe asusu a hannunsu.

"Ranka ya daɗe," in ji Chuwang, "ko kwabo ba na iya fitarwa sai da izinin Landan."

Alƙali ya ce wanda ya karɓi sunan manaja ya karɓi nauyinsa. Ya yanke a tsare shi a gidan yari har sai an biya.

Kafin tafinta ya gama fassara hukuncin, Malam Haladu ya cire takalmansa, ya taka gaba, ya durƙusa. A unguwa haka ake yi: idan wanda aka cuta ya roƙa, magana ta mutu.

"Allah ya ba ka nasara, ni na kawo ƙara. Na roƙa a sake shi. Ɗana ne."

"Baba, tashi!" Onyekwere ya raɗa masa. "Nan ba zauren mai unguwa ba ne."

Alƙalin bai yi tsawa ba. Ya sa tafinta ya bayyana masa a hankali cewa bashin nasa ne, amma shi rainin, kotu aka yi wa, kuma babu mai yafe shi a madadinta.

Tsohon ya juyo wurin lauyansa, bakinsa a buɗe. "Oga, ba ka ce mini ɗauri za a yi ba."

"Na ce za a matsa musu, Baba."

"'Su' ka ce. Wannan shi ne su?"

Ɗan sanda ya riƙo hannun Chuwang. Da suka zo wucewa, Chuwang ya ɗan rusuna kamar yadda ya saba tun yana yaro.

"Baba, ba laifinka ba ne. Sai dai don Allah ka je ka gaya wa Firisila da bakinka. Kada ta ji a kasuwa."

Malam Haladu ya tafi a ƙasa, har gidan Chuwang da ke bayan mahautar Abattoir. Ya tarar da Firisila, matar Chuwang, tana tsince acca a tsakar gida. Ta yi maza ta shimfiɗa masa tabarma, tana murmushi.

"Sannu da zuwa, Baba. An ba ka haƙƙinka dai ko?"

Ya tsaya a kan ƙafafunsa, ya kasa zama.

"'Yata," ya ce, "ajiye faifan nan tukuna."